Ƙyallen Da Ya Ƙi Koɗewa

Matasan da ke zuwa shagona a Kakuri suna neman koyon aikin anato, kusan dukkansu da magana ɗaya suke farawa. Sukan leƙa tukunya, su ga jan ruwa, su ce, "Baba, ai jiƙawa ne kawai a tace." Ba na yi musu gardama. Nakan ba su benci su zauna, in gaya musu abin da zan rubuta a nan, sannan wanda ya ga zai iya ya dawo ranar Litinin.

Ga wanda bai san shi ba, anato ƙaramar bishiya ce da ake shukawa a bakin shinge a wuraren da ruwan sama ke da yawa. Ni daga wajen Kafanchan da Binuwai ake kawo mini 'ya'yanta. Tana yin kwanso mai gashi kamar ƙaya, in ya bushe sai ya tsage biyu, a ciki akwai 'ya'ya ƙanana da ba su wuce ƙwayar dawa ba. Launin ba a cikin ƙwayar yake ba, a bayanta yake, kamar an shafa mata janbaki. Aikinmu shi ne mu raba wannan launin da ƙwayar, mu zuba a kwalba, masu abinci su saya.

Ba da wannan sana'a na fara ba. Shekara goma sha tara na yi a sashen rini na wata masaƙa a nan Kakuri. A can doka ɗaya ce: launin da ya koɗe, aiki ya ɓaci. Akan wanke yadi da sabulu mai ƙarfi, a shanya shi a rana, a goga shi da ƙarfe mai zafi, in ya sauya ko kaɗan a dawo mana da shi. Da aka rufe masaƙar na yi shekara biyu ina 'yan buga-buga, har wata dattijuwa a cocinmu, Mama Laraba, ta ce in zo in riƙa taya ta ɗaga tukwane, tunda bayanta ya fara gazawa. Ita ce ta koya mini anato.

Aikin farko da ta ba ni shi ne na mai. Ana zuba 'ya'yan a man gyaɗa, a ɗora a wuta mai sanyi, garwashi kawai, ana juyawa da muciya har man ya ɗauki launi. Ni da na saba da tukunyar masaƙa mai tururi, sai na ƙara itace. Kafin in ankara 'ya'yan sun yi baƙi, man ya yi ɗaci, ɗakin ya cika da ƙauri. Mama Laraba ta sa yatsa ta lasa, ta tofar.

Ta ce, "Ishaya, wa ka ke soya wa gyaɗa?"

Na ce, "Mama, na ga launin yana jinkirin fita ne."

Ta ce, "To ka kore shi gaba ɗaya. Zubar, ka wanke tukunyar da toka."

Na ruwa ya fi wahala. Ana jiƙa 'ya'yan a ruwan ɗumi da ɗan kanwa, a bar su su yi laushi a baya, sannan a murza da tafin hannu a cikin daro har ƙwayar ta koma fari-fari. A tace da rariya, a sake tacewa da farin ƙyalle, a tafasa kaɗan, a bari ya huce. Kanwa in ta yi yawa, abinci ya ɗauki ɗanɗanonta. In ta yi kaɗan, launin ya kwanta a gindin kwalba. Kayan aikin ba su da yawa: daro uku, rariya, muciya, sikeli, da kwalabe masu duhu, domin haske yana cin anato. Wannan shi ne abin da ya fi ba ni wahalar karɓa. Kwalbar da aka manta a bakin taga, cikin kwanaki kaɗan sai ta koma kamar ruwan shayi.

Mama Laraba tana da wata al'ada da na gada. Duk tukunyar da aka sauke, sai a yanki ƙyalle fari mai faɗin yatsa biyu, a tsoma a ciki, a rataye a waya a bayan shago, a jere, daga hagu zuwa dama. Da shi take gane ƙarfin kowace tukunya. Na yau yana da launin ɓawon lemo mai kauri, na jiya ya ɗan yi haske, na makon jiya ya kusa komawa fari. Na taɓa ce mata a masaƙa da an ga wannan jeri da an kori marinin. Ta ce rinin masaƙa an yi shi don ya zauna a jikin yadi, nata kuwa ciki yake shiga, kuma ba ta son abin da zai shiga cikin mutum ya ƙi fita.

Masu sayenmu iri-iri ne. Masu suya da kilishi suna sayen garin anato don yaji. Masu burodi da kek da cincin suna sayen na mai, domin ya ba su launin kamar an sa ƙwai da yawa. Masu awara da yogot da askirim ɗigo kaɗan suke nema. Masu girkin biki su ne manyan masu sayen na ruwa, don dafa-duka. Ina gaya wa kowa abu uku. Anato launi ne, ba magani ba ne, duk wanda ya ce muku yana warkar da wani ciwo ku tambaye shi asibitin da ya yi aiki. Na biyu, a gwargwadon da ake sa wa abinci ba ya cutar da yawancin mutane, amma akwai ƙalilan da jikinsu ba ya karɓarsa, yakan sa su ƙaiƙayi ko ƙuraje ko murɗar ciki, irin waɗannan su bari, in abin ya yi tsanani su je asibiti. Na uku, 'ya'yan da suka yi fumfuna a buhu ba a wanke su a yi amfani da su, zubarwa ake yi. Na ƙone buhu guda a gaban mai kawo mini kaya saboda wannan, bai sake kawo mini ɗanye ba.

Bayan rasuwar Mama Laraba shagon ya dawo hannuna. A lokacin ne Baba Danjuma ya zo. Shi ne shugabanmu a sashen rini, shi ya koya mini riƙe sikeli. Mutum ne da zai dubi yadi daga nesa ya ce ja ya yi yawa da rabin cokali, a auna a tarar haka ne. Bayan rufe masaƙa ya yi gadi, ya yi noma a bakin kogi, babu wanda ya karɓe shi. Da ya ce yana son ya riƙa zama da ni yana taya ni awo, ban yi tunani sau biyu ba. Har a shagona Oga nake ce masa. Aikinsa tsaf, ba ya ɓarna, ba ya makara. Abu ɗaya kawai, ba ya son wucewa ta bayan shago. In ya ga jerin ƙyallayen nan suna koɗewa sai ya kawar da kai, kamar wanda ya ga ƙazanta.

Shekarar da tsutsa ta cinye tumatir ita ce shekarar da muka fi kowace ciniki, kuma ita ce mummunar shekarata. Tumatir ya gagari masu girki, kowa yana neman abin da zai sa miya da shinkafa su yi ja. Amma anato ba ya yin ja kamar jini, iyakarsa ruwan lemo mai duhu. Mata suna zuwa suna ƙorafi. Wata mai abinci daga Unguwar Mu'azu ta dawo da kwalba da ta bari a kan teburinta a rana, ta girgiza ta a gaban Baba Danjuma.

Ta ce, "An ce ku tsofaffin ma'aikatan rini ne. Wannan ne rinin? Ko zoɓon jikata ya fi shi riƙe launi."

Ni na yi dariya, na canja mata kwalba. Baba Danjuma bai yi dariya ba.

Wata Litinin na tafi tasha karɓo kaya, motar ta makara, na wuni a can. Baba Danjuma ya yi tukunyar na ruwa shi kaɗai, ya cika kwalabe goma sha huɗu da jarka ɗaya, ya tsoma ƙyalle ya rataye kamar yadda aka saba. Kafin ranar Laraba duk an saye.

Ranar Alhamis da yamma aka yi ruwan sama na farko. Juma'a da safe na zaga bayan shago in kwashe ƙyallayen da iska ta kayar. Ruwan ya wanke su duka, sun yi ɗigo a jikin bango, na makon jiya da na Talata da na Laraba da na Alhamis sun yi fari-fari. A tsakiyarsu akwai guda ɗaya ja. Ba ruwan lemo ba, ja. Kwana huɗu a rana, dare ɗaya a ruwa, yana nan kamar yanzu aka tsamo shi, kuma bangon da ke ƙarƙashinsa babu ɗigo ko ɗaya. Na cire shi, na wanke da sabulu a bokiti, na matse. Ruwan ya fito fari, ƙyallen bai motsa ba. Na san wannan jan. Shekara goma sha tara ina ganinsa.

Na shiga shago na ajiye shi a kan sikeli a gaban Baba Danjuma. Sai a lokacin na lura da ƙarƙashin farcensa. Anato yakan bar hannu cikin kwana ɗaya ko biyu. Jan da ke farcensa yana nan.

Na ce, "Oga, me ka sa a tukunyar Litinin?"

Ya ɗauki ƙyallen ya ɗaga shi a haske, ya ja shi ta gefe biyu. Ya ce, "Ka gani ko? Ko gezau."

Na ce, "Me ka sa?"

Ya ce, "Cokali biyu na shayi a tukunya guda, Ishaya. Ni na auna. Ɗan gyara ne kawai don kada a riƙa raina mu."

Bai ɓoye komai ba, domin bai ga laifi ba. Na ce ya kai ni inda ya samo, ina son in ga sunan abin, ko da za a tambaye ni a asibiti.

Muka shiga tsohuwar masaƙar ta wata ɓaraka a katangar baya, da rana tsaka. Ciyawa ta cinye filin gaba ɗaya har ƙugu, amma tana zuwa kusa da sashen rini sai ta tsaya, kamar an ja mata layi. A ciki rufin ya yoye, ruwan jiya ya taru a magudanan ƙasa, kowace magudana da launinta, wata shuɗiya, wata ja, ba ta motsi. Babu sauro a kai, babu ƙadangare a bango, ko yanar gizo ban gani ba. Ƙusoshin da muke rataye takunkumin hanci suna nan a jere da lambobinmu a sama, tawa ta goma sha ɗaya. Baba Danjuma ya wuce gaba ba tare da ya duba ƙasa ba, ƙafarsa ta san hanya. A ɗakin awo ya nuna mini wani duro da tsatsa ta ci bakinsa. Takardar jikinsa ta ruɓe, babu harafi ɗaya da ake iya karantawa. Garin da ke ciki kuwa sabo fil, kamar jiya aka kawo shi.

Na ce, "Oga, a ɗakin nan ka taɓa bari wani ya ci ko gyaɗa?"

Ya ce, "Wancan ai buhu-buhu muke zubawa. Wannan cokali biyu ne."

Daga nan muka fara bin kwalabe. Na san masu sayena, na san gidajensu. Muka ɗauki keke napep muka bi Kakuri da Unguwar Mu'azu layi-layi. Wasu ba su buɗe ba, wasu sun taɓa kaɗan. Kowacce na gaya mata gaskiya a bakin ƙofarta, wasu suka zage ni, wata ta ce ai wannan ne karo na farko da na sayar mata da abin kirki. Kafin magariba kwalabe goma sha huɗu suna cikin buhu a ƙafata. Saura jarkar.

Jarkar tana hannun Maman Godiya, mai girkin biki, wadda ta fi shekara takwas tana saye a wurina. Wayarta ba ta shiga. Gidanta a kulle. Maƙwabciyarta ta ce ta kwashe tukwanenta tun Alhamis, tana da bikin aure ranar Asabar a Mahuta, amma ba ta san gidan ba.

Asabar da sassafe muka isa Mahuta. A ranar, biki uku ake yi a unguwar. Muka riƙa bin hayaƙi da rumfuna. Gida na farko ba ita ba ce, na biyu ma haka. A na uku, wajen ƙarfe goma sha ɗaya, muka same ta a wani fili a bayan gida, ita da mata huɗu. Ango da amarya da baƙi duk suna coci, an ce ƙarfe ɗaya za su fito. Manyan tukwane uku an sauke su, an buɗe, tururi yana tashi. Ban taɓa ganin dafa-duka mai kyan wannan ba. Kowace ƙwaya ja, daga sama har ƙasa, babu inda ya fi wani. An riga an cika robobi sun kai hamsin, an jera a kan tabarma.

Maman Godiya ta hango ni, ta ɗaga ludayi. Ta ce, "Malam Ishaya, ka zo karɓar yabo ne? Wannan karon ka yi aiki. Duk wanda ya wuce sai ya tambaye ni inda na samu tumatir."

Na ja ta gefe na gaya mata. Ta saurara har na gama, tana goge hannu a zani.

Ta ce, "Wani ya mutu?"

Na ce, "A'a."

"Wani ya kwanta asibiti?"

"Ban ji ba."

"To me ka ke so in yi? Mutum ɗari uku za su fito daga coci nan da awa biyu. In ce musu me? Uwar amarya tun tana yarinya na san ta. In na kunyata ta yau, wa zai sake kirana a garin nan?"

Na ce, "Rinin yadi ne, Maman Godiya. Ba a yi shi don ciki ba. Ban san sunansa ba, ban san abin da shekaru suka mayar da shi ba."

Baba Danjuma ya matso. Ya ce, "Madam, kada ya tayar miki da hankali. Ni na auna da hannuna. In aka raba cokali biyu a kan wannan shinkafa, abin da zai shiga cikin mutum ɗaya bai kai ƙwayar gero ba."

Ta dube shi daga sama har ƙasa. Ta ce, "Baba, kai ne ka haɗa?"

Ya ce, "Ni ne."

Ta ɗauki faranti, ta zuba ludayi biyu daga tsakiyar tukunya, ta ɗora nama, ta sa cokali, ta miƙa masa da hannu biyu kamar yadda ake ba babba. Ta ce, "To bismilla. Ka yi tafiya tun safe. In ka cinye, zan raba."

Matan nan huɗu suka daina zuba abinci. Baba Danjuma ya karɓa, ya zauna a kan turmi, ya ɗebi cokali ɗaya ya ɗaga. Ya tsaya yana kallon shinkafar. Daga nesa ana jin ganga da waƙa daga cocin. Na ga bakinsa ya buɗe kaɗan, ya rufe. Mutumin da ya yi shekara talatin yana korar ma'aikata daga ɗakin awo in ya gan su da goro a baki, hannunsa ya ƙi ƙarasawa. Ya daɗe a haka. Sannan ya mayar da cokalin, ya ajiye farantin a ƙasa a hankali, ya ɗora hannuwansa a gwiwa.

Maman Godiya ta juya ga matan ta ce, "Ku juye robobin nan. A ɗora ruwa. A je shago a ɗauko shinkafa, fara za mu yi da miya."

Ba a zubar da irin wannan a bola, kaji da karnuka da yara za su bi. Muka ari diga da shebur, ni da Baba Danjuma muka haƙa rami a ƙarshen filin, zurfinsa har ƙirji. Muka juye tukwane uku a ciki, da jarkar, da kwalabe goma sha huɗu. Tururi ya riƙa fitowa daga ramin muna zuba ƙasa. Muka danne da duwatsu. Baƙi suka ci farar shinkafa wajen ƙarfe uku, an yi gunaguni, uwar amarya ba ta gaishe da Maman Godiya ba da za ta tafi. Baba Danjuma ya mayar da shebur ga mai shi, ya wanke hannu, ya tafi a ƙafa. Bai sake zuwa shagon ba. Washegari na je na shaida wa masu kula da masaƙar, aka toshe ɓarakar.

A ranar bikin, ina haɗa kayana zan bar Mahuta, Maman Godiya ta kira ni bayan rumfa, inda babu kowa.

Ta ce, "Malam Ishaya, mu biyar muka ɗanɗana gishiri. Ni sau uku. Jiya kuma na dafa ƙaramar tukunya don gwaji, mutanen gidan amarya suka ci, har da yara."

Ta buɗe baki ta nuna mini harshenta. Ja ne har can ciki.

Ta ce, "Me zai same mu?"

Na ce, "Ban sani ba."

"Yaushe za a sani?"

Na ce, "Wannan ma ban sani ba."

Ranar Litinin na raka su asibiti, ita da matan da mutanen gidan, na faɗi duk abin da na sani. Aka duba su, ba a ga komai ba, aka ce su sa ido, in sun ga wani canji su dawo. Ba a ce musu har zuwa yaushe ba.

Shekaru sun wuce. Yaran gidan amaryar sun girma, ɗaya ta shiga jami'a. Maman Godiya ta ci gaba da girki, kuma a wurina take saye. Duk ranar da ta shigo shagon, kafin ta tambayi iyali, kafin ta ajiye jaka, takan tsaya a bakin ƙofa ta ce, "Malam Ishaya, har yanzu dai lafiya lau."

Nakan ce, "Mun gode Allah."

Sai ta miƙo jarka in cika mata.